Muryar Gwaggo a Bakin Dodon Kaset

Wani fim na banza ne ya fitar da gwaggota daga Dogon Dutsi, kuma da bakina aka fitar da ita. Ta rasu da daɗewa. Fim ɗin yana nan. Kwanan baya na ji shi yana tashi daga salular wani mai kabu-kabu a tashar mota, su huɗu sun haɗa kai a kan ɗan gilashin suna ƙyaƙyata dariya. Muryar da ke fitowa tawa ce, ta lokacin da haƙorana suke cikakku.

Gwaggo yayar babana ce. Uwata ta mutu a shekarar yunwa, babana ya tafi kudu neman abinci bai dawo ba, sai ita ta ɗauke ni. Ba ta da ɗa nata. Ƴar bori ce, Doguwa, iskar gidanmu ta gado, a kanta take, kuma a Arewa ta wancan lokaci wannan ba abin ɓoyewa ba ne. Baƙin zanen saƙi take ɗaurawa. Ƙafarta ta hagu tana ja tun wata faɗuwa da ta yi daga kan rumbu, don haka kafin ka gan ta za ka ji ta, taku ɗaya, sai shuuu a kan rairayi. Da wannan ƙarar nake farkawa. Sai ƙarar guga a rijiya, sai taɓarya, sai sallamar mata a ƙofar gida, wannan ɗanta jikinsa ya yi zafi, waccan nononta ya ƙi zuwa, wata haƙori ke wahalar da jaririnta. A bayan ɗakinta, gindin wata aduwa, akwai tukunya da take jiƙa saiwoyi da sassaƙe a ciki, da faifai a rufe. Daga nan take ɗiban abin da take ba su. Su kuma su kawo tiyar gero, ko kaza, ko godiya kawai. Ba mai taɓa tukunyar nan sai ita. Ko yaya aka gusa faifan sai ta gane. Ba ta ihu. Tsayawa take, ta karkata kai, ta ja maganar a hankali: "Wa yat taɓa min tukunya?" Yawanci ni ne. Wani lokaci akuya.

In an yi wasan bori, masu goge da ƙwarya suka zauna, Doguwa ta hau ta, muryarta takan koma ta hanci, siririya, mai sanyi. Manyan maza na durƙusawa su yi tambaya a kan ruwan sama da ciwon gida. In za ta sauka, sai Gwaggo ta yi atishawa uku, ta nemi ruwa, ta tambayi ko an ba akuyoyi dusa. Ni ina gefe ina riƙe da takalmanta, kunnena a buɗe. Tun ina ƙarami ina da bakin kwaikwayo. Ladan, mai tallan kalanzir, jakin maƙwabta, duk ina yi. Tana dariya, amma sau ɗaya ta kama kunnena ta ce, "Ka kwaikwayi sarki in ka so, ka kwaikwayi jandarma, duka za su yi maka ka warke. Kada ka kwaikwayi iska." Na ce to.

Ban yi lakwal ba, wato makarantar boko. Da na tasa sai na shiga dako a tasha, ina yi wa direbobi muryoyin junansu suna ba ni ragowar shayi. A nan wani Alhaji ɗan kasuwa ya gan ni. Ya buɗe gidan bidiyo a bayan kasuwa, rumfar zana ce da aka lulluɓe da tamfol don ta yi duhu, da bencina, da tele ɗaya, da gurup, injin ba da wuta mai hayaƙi, a waje yana ta tari. Bayan la'asar ake farawa. Kaset-kaset daga tsallaken iyaka yake kawo su, na Indiya da na ƴan faɗan Sin da na mutanen kudu, kuma duk garin ba mai jin yarensu. Aikina in tsaya gefen tele da ƴar sanda in faɗa wa mutane abin da ake cewa. Ban ji ko kalma ɗaya ba. Fuska nake kallo in ƙaga. In mutum ya buɗe baki da tsawo in ba shi doguwar magana, in ya rufe in yi shiru. Kowa ya san ƙarya nake, ba wanda ya damu. Yaran yanzu kowa da nasa a tafin hannu, ya toshe kunne, ya kalla shi kaɗai kamar ɓarawo. Mu a lokacin mutum hamsin ne a cikin zafi, warin zufa da na taba da na mai, ana zagi, ana tafi, ana faɗa wa jarumi ya waiwaya.

Kaset ɗin da nake magana a kansa a ƙasan kwali ya zo, gyara ne mai sayarwa ya ƙara wa Alhaji. Ba hoto a jikinsa, ba suna. Na kudu ne. Wata mata aka kashe a daji, ta dawo tana bin mutanen ƙauye ɗaya bayan ɗaya. Shi ke nan labarin. Ban taɓa ganin aikin ƙeta da talauci irin wannan ba. Garin rogo aka shafa wa dodon a fuska. Jinin manja ne, har maiƙonsa kana gani. Dogayen haƙoran da aka liƙa mata, ɗaya ya faɗi a tsakiyar faɗa, ta sunkuya ta ɗauka. A wurin da aka ce dajin da ba a taɓa shiga ba ne, mota na wucewa a baya. Wata akuya ta shigo tana cin ganye kusa da gawa, gawar ta kore ta da ƙafa. Ranar farko mutane suka yi ta dariya, rabi suka fita, Alhaji ya ce gobe in an gama a jefar da shi.

Kashegari ina tsaye da sandata, mutane ba su kai ashirin ba, dodon ta fito daga bayan wata bishiya. Sai na lura da abin da ban lura da shi jiya ba. Baƙin zane ne a jikinta, kuma tana jan ƙafa. Ta zo ta tsaya a kan wani mutum da ke tsugune gaban murhu, ta karkata kai. Ban shirya ba. Ban yi shawara da kowa ba. Na toshe hanci da numfashi, na ja maganar: "Wa yat taɓa min tukunya?"

Gurup kawai kake ji. Duk wanda ke wurin uwarsa ta taɓa kai shi gindin aduwar nan, duk sun san muryar. Wani ƙato mai gyaran keke ya janye ƙafafunsa daga ƙasa ya ɗora a kan benci. Da dodon ta gama da mutumin ta ɓace cikin hayaƙin da ake hura mata daga gefe, sai na yi atishawa uku. Nan wurin ya fashe. Ihu, dariya, wasu na salati. Suka ce a mayar baya. Aka mayar sau huɗu.

Daga ranar ba a sake cewa dodo ba, sai Doguwa. Alhaji ya ƙara benci. Mutane na zuwa daga Matankari ranar kasuwa don shi kawai. Akwai masu kallonsa kullum, sun haddace, suna faɗin maganar tare da ni, suna jiran wurin haƙori su yi ihu, suna jiran akuya su gaishe ta. Finafinai masu tsada, da jirage da manyan gidaje, sukan yi sati biyu a manta da su. Wannan ya ƙi mutuwa. Na daɗe ina tunanin dalili, kuma ba wani dalili mai kyau ba ne. Bayan gidanka yake kama da shi. Zanen irin na uwarka ne, murhun irin naku ne. Kana jin tsoro, kana kuma ganin garin rogo, sai ka yi dariya ka ji kai jarumi ne. Kuma kowane sakarai zai iya yinsa. In ka fita daga rumfar ba ka da jirgi, amma kana da toka da tsohon zane da ƙafar da za ka ja. Kafin wata biyu yaran unguwa duk sun iya.

Ni kuwa ina komawa gida in ci tuwonta. Ba ta ce komai ba, na ɗauka ba ta ji ba.

Wata ranar kasuwa rumfa ta cika har ana tsaye. Ina goge gilashin tele sai na ji taku ɗaya da shuuu a bakin ƙofa. Mai karɓar kuɗi ya miƙe ya ce, "Inna, nan ba wurinku ba ne."

Ta ce, "An ce ina ciki. Na taho in ga kaina." Ta kwance bakin zane ta ba shi kuɗinsa. Ya ƙi karɓa, ta ajiye masa a kan gwiwa. Aka buɗa mata hanya, ta zo bencin gaba ta zauna, ta miƙe ƙafar nan mai ciwo. Tsakanina da ita bai fi taku uku ba.

Aka kunna. Na yi ta kame-kame, ina ba mutanen ƙauyen maganganun banza, ina roƙon Allah gurup ya mutu. Bai mutu ba. Dodon ta fito, ta ja ƙafa, ta karkata kai. Na ce da muryata ta kullum, "Ta ce masa ina wuni."

Wani daga baya ya ce, "Kai, ba haka tac ce ba!"

Wani ya ce, "Yi muna na kullum, ɗan banza, ko ka maido muna kuɗinmu!"

Alhaji na tsaye jikin ginshiƙi. Ya ce, "Mi kaka jira? A maida baya, shi yi aikinai."

Aka mayar. Na kalli Gwaggo. Ba ni take kallo ba, tele take kallo, hannayenta a kan cinya. Ina iya ajiye sandar in fita. Ƙofar na nan, ba wanda ya ɗaure ni. Na toshe hanci na yi. Na yi shi da kyau, ya fi na kullum, don tsoro ya sa muryata rawa. Na yi atishawar. Dariyar ranar daban ce, rabin mutanen bayan kanta suke kallo.

Ta zauna har ƙarshe. Da aka ɗaga tamfol haske ya shigo, ta dafa benci ta tashi, ta nuna tele da haɓa ta ce, "Wancan namiji na. Ga agogo nan ga hannunai." Aka sake fashewa da dariya, don duk kallon da muka yi ba wanda ya taɓa lura. Ta jira suka gama. Sannan ta juyo gare ni.

"Ka iya, ɗan nan. Ban san kana saurare haka ba. Da ka saurari sunayen itatuwa awa yadda kas saurari wanga, da yanzu kana da sana'a."

Ta fita. A gida ta zuba mini tuwo kamar kullum. Na ci.

A lokacin ne samarin ƴan kasuwa masu sabon wa'azi suka fara yawa a gari. Sun daɗe suna faɗa da bori ba su ci nasara ba, don iyayensu mata na fita daga wurin wa'azi su wuce gidanmu. Gidan bidiyo ma haram ne a wurinsu. Amma wannan fim ya yi musu rana. Na ji ɗaya da kunnena a bakin shagonsa yana cewa, "Ba mu munka ce ba. Ɗan da tag goya shi yaf faɗi da bakinai, ku tai ku jiya." Ba su jefi kowa da dutse ba. Ba su buƙata. Sallamar safe ta fara raguwa. Matan da ke zuwa sai su aiko a ɓoye, daga baya aiken ma ya tsaya. Yaran da aka yi wa wanka da ruwan tukunyar nan su ne ke bin ta in za ta rijiya, sun shafa toka a fuska, suna jan ƙafa a layi. Iyayensu na zaune a ƙofar gida suna cewa ku bari, suna murmushi.

Da bazara ƙyanda ta shigo. Yara sun mutu da yawa, waɗanda aka kai likita da waɗanda ba a kai ba. A cikinsu akwai jaririn maƙwabciyarmu, wanda Gwaggo ta taɓa ba shi jiƙo watanni kafin nan. Ba wanda ya zo ya ce mata ke ce. Ta tafi itace da hantsi, ta dawo ta tarar an fasa tukunyar, saiwoyin a warwatse, kaji na tonawa. Ina nan, na gani. Ba ta tambayi kowa komai ba. Ta ɗauko tsintsiya ta share.

Bayan kwana uku ta ɗaure kayanta, za ta koma Dogon Kiriya wurin dangin uwarta. Na kai hannu zan ɗauki ƙunshin in raka ta tasha. Ta ce, "Aje. La'asar ta yi kusa, kada ka makara." Ta ɗora a kanta ta tafi. Ni kuma na tafi aiki. Na faɗa ne don kada wani ya ɗauka na tuba a ranar. Ban tuba ba. Na ƙara shekara biyu ina yi.

Alhaji ne ya gama da ni. Ya kawo wani mutum da na'ura biyu da makirfo, aka sa fim ɗin, na yi maganata daga farko har ƙarshe, aka naɗe muryata a kai. Har sabuwar riga na sa ranar. Aka buga kaset da yawa, aka kai Matankari, aka kai Dumega, aka kai Tibiri, duk ƙauyen da ke da gurup. Bayan wata ɗaya Alhaji ya ce kaset ba ya cin tuwo, ba ya makara, in nemi wani aiki. Na koma dako.

Da aka aiko cewa ba ta da lafiya na hau motar kasuwa na je. Tana kwance a ɗan ɗakin kara, ta rame. Ta tambaye ni farashin gero a Dutsi, da ko aduwar na nan. Can ta ce, "Ana nan ana kallo?"

Na ce, "Ana kallo."

"Kana yi?"

"Na bari, Gwaggo. An ɗauki muryar an sa cikin kaset, ni na bari."

Ta ce, "To ba ka bari ba ke nan." Ta juya fuska wajen zana. "Ban roƙe ka komi ba tun da nid ɗauke ka. Ka hidda ni daga cikin abin nan kahin in mutu."

Na koma Dutsi. Da rana tsaka na shiga rumfar Alhaji, na ɗauki kaset ɗin na asali da duk waɗanda na gani a kan kanta, na kai wurin mai tsire na tura su cikin wuta. Warin roba ya kori masu cin nama. Yaran Alhaji suka fasa mini baki, jandarma suka riƙe ni kwana biyu. Ranar da aka sake ni, ina tafe ina tofar da jini, na bi ta bayan wata sabuwar rumfa da ban ma san an buɗe ba. Daga ciki na ji kaina ina atishawa.

Na koma wurinta na ce, "Na ƙone shi, Gwaggo. Ya ƙare." Ta dube ni, ta dubi leɓena. Ta ce, "To." Ban san ko ta yarda ba. Ba ta ga kakar shekarar ba, ta rasu.

Yau gidajen bidiyo sun mutu. Alhaji ya mutu. An sare aduwar an yi shago a wurin. Ba wanda ya karɓi Doguwar gidanmu, masu goge sun tsufa, masu wa'azin nan sun zama dattawa masu furfura, jikokinsu ne ke yawo da fim ɗin a aljihu. Daga kaset ya koma faifai, daga faifai ya shiga salula, hoton ya dushe har fuskar dodon ba ta fita sosai, amma muryar garau. Suna yanka guntunsa su aika wa juna. Mace ta ga an taɓa mata miya, ta faɗi maganar, a yi dariya. Samari na shafa fulawa su ɗauki nasu a bayan gari, kowanne da baƙin zane da jan ƙafa, kowanne da atishawa uku. Ba wanda ya koya musu cewa akwai abin da ba a kwaikwaya.

Bara wasu biyu suka zo har inda nake a kan babur, da tabarau, suna haɗa Hausa da Faransanci. Sun sha tambaya kafin su same ni. Babban ya durƙusa, ya kira ni kawu da Faransanci ya ce, "Tonto, ashe kana da rai! Wallahi kai ne ka yi fim ɗin nan, ba masu shi ba. Tun muna yara muke kallo. Za mu yi na biyu, da kamara mai kyau, muna so ka yi mana muryar."

Na ce, "Muryar wa?"

Ya kalli ɗan'uwansa. "Ta Doguwa mana."

"Wa ke da ita?"

"Kai, tonto. Ai kai ka ƙirƙiro ta."

Waɗanda suka fasa tukunyar aƙalla sun san ta wace ce. Waɗannan ba su ma san an yi mutum ba. Na so in faɗa musu, na ga ƙaramin ya riga ya ɗaga salula yana ɗauka ta. Da na faɗa, da ita ma ta shiga ciki, a yanka, a aika, a sa mata kiɗa. Na ce ya sauke abin nan ko in taka shi. Na ce su hau babur ɗinsu tun rana ba ta yi zafi ba. Babban ya ce ko kalma ɗaya, don Allah, ko tukunyar kawai. Na ɗauki hauyata na shige gona. Suka daɗe a tsaye, sannan na ji babur ya tashi.

Ina Dogon Kiriya. A ɗakinta nake kwana, na sake masa kara sau uku. Ƴar gonar da danginta suka ba ta ita nake nomawa, gero da wake, in ruwa ya yi ta ciyar da ni, in bai yi ba in yi dako a kasuwa. Kabarinta na gabas da gari, ina zuwa in cire ciyawa. Mutanen nan sun san ni da rashin magana, yaransu na ce mini bebe. Ban gyara musu ba.